Kyamara Da Alƙalami A Hannu Guda: Sana'ar Mai Ɗaukar Hoton Fim Da Ke Rubuta Labarinsa

A jerin sunayen da ke biyo bayan kowane fim ɗin Hausa akwai layuka biyu da 'yan kallo ba su cika tsayawa a kansu ba: “tsara labari” da “ɗaukar hoto”. A yawancin finafinai mutum biyu ne daban ke riƙe da su. Na farko yakan gama aikinsa a kan takarda tun kafin a fita lokeshin, na biyu kuma sai an fita yake soma nasa. Amma a tarihin fim an sha samun waɗanda suka haɗa ayyukan biyu, su rubuta labari da hannunsu, su kuma tsaya a bayan kyamara su ɗauke shi. Ba su da yawa, sai dai tasirinsu ya fi yawansu, domin ayyukansu ne suka fi tabbatar da cewa da hoto ake ba da labarin fim, magana kuwa rakiya take yi. A ƙasar Hausa da maƙwabtanta, wanda ya fi yin fice a wannan fage shi ne Moustapha Alassane na Jamhuriyar Nijar, wanda ya yi shekarunsa na ƙarshe yana aiki a garin Tahoua.

Aikin mai ɗaukar hoto

Mai ɗaukar hoton fim, wanda a manyan kamfanoni ake kira daraktan ɗaukar hoto, shi ke da alhakin duk abin da ido zai gani a allo. Darakta na ji da 'yan wasa da tafiyar labari, shi kuma yana yanke shawara a kan haske, da gilashin da za a ɗaura wa kyamara, da inda za a girke ta, da yadda za ta motsa. A babban fim ba lallai ne ma ya taɓa kyamarar ba. Akwai mai riƙe ta, akwai mai daidaita kaifin hoto, akwai masu fitilu da masu jan waya, duk a ƙarƙashinsa. A ƙaramin fim kuwa, irin wanda aka fi yi a Arewa, sau da yawa mutum ɗaya da yaransa biyu ne ke ɗauke da wannan nauyi gaba ɗaya.

Haske shi ne jarin sana'ar, domin kyamara ba ta da juriyar idon mutum. Ido na iya ganin fuskar dattijo a duhun zaure, ya kuma ga yaran da ke wasa cikin rana a ƙofar gida, duk a kallo ɗaya. Kyamara kuwa sai an zaɓar mata ɗaya, ko kuma a ƙara wa zauren haske har ya kusanci na waje. Ranar tsaka tana dukan mutum daga sama ta bar ramin idonsa baƙi ƙirin, shi ya sa masu sana'ar suka fi son hantsi da la'asar sakaliya, lokacin da haske ke zuwa ta gefe yana fito da siffar fuska. Hazon hunturu yana tausasa rana, amma yana shanye launi, ya kuma ɓoye abin da ke nesa. Farar shadda a jikin baƙin mutum ita ma jarrabawa ce: in aka biye wa riga fuska ta dushe, in aka biye wa fuska aikin rigar ya ɓace. Matsalar ta daɗe, domin shekaru da dama kamfanonin da ke yin fim ɗin ɗaukar hoto, irin su Kodak, da farar fata suke auna ingancin launi. Dole masu ɗaukar hoto a Afirka suka ƙware wajen mayar da hasken rana kan fuska da farin allo ko takarda mai ƙyalli.

Bayan haske sai girman hoto da tsayuwar kyamara. Hoton nesa yana nuna wuri da matsayin mutum a cikinsa, hoton kusa kuma yana tilasta wa ɗan kallo karanta fuska. In aka ɗauki mutum daga ƙasa kwarjininsa na ƙaruwa, in aka ɗauke shi daga sama sai ya ƙanƙance. Kyamarar da aka girke a kan ƙafafunta tana kawo natsuwa, wadda aka saɓa a kafaɗa tana bin mutum tana rawa kuma tana sa zuciyar mai kallo ta tashi. Kowane ɗaya daga cikin waɗannan zaɓi yana faɗar wani abu game da labarin, ko da ɗan wasa bai buɗe baki ba.

Inda rubutu da hoto suka haɗu

Tsara labarin fim ya sha bamban da rubuta littafi. Marubucin littafi na da izinin shiga zuciyar mutum ya faɗi abin da yake tunani. Mai tsara labarin fim ba ya rubuta komai sai abin da za a gani ko a ji. A al'adar sana'ar, shafi ɗaya na rubutu yana daidai da kimanin minti ɗaya a allo, wato fim na awa ɗaya da rabi zai ci shafi 90 ko kusa da haka. Kowace fitowa tana farawa da layin da ke faɗar abu uku: a ciki ne ko a waje, a wane wuri, da dare ko da rana. Wannan layin ba don ɗan wasa ake rubuta shi ba. Saƙo ne ga mai ɗaukar hoto da furodusa, domin daga shi ake lissafin fitilu, da lokaci, da kuɗi.

A nan ne fa'idar haɗa sana'o'in biyu take bayyana. A ce labari na buƙatar nuna cewa wata mata ta shekara uku tana jiran mijinta da ya tafi ci-rani. Marubucin da ya saba da littafi ko rediyo zai zaunar da ita da ƙawarta ta faɗi haka da baki. Wanda ya saba leƙa kyamara zai nuna ta a ƙofar gida da jariri a goye ranar da mijin ya tafi, sannan ya sake nuna ta a daidai wurin, yaron na tsaye a gefenta riƙe da bakin zanenta. Hotuna biyu sun gama abin da shafi biyu na magana za su yi, kuma gani ya kori ji.

Fa'ida ta biyu ita ce sanin tsada. Jimla ɗaya kamar “kasuwa, da dare, ana ruwan sama” ba ta cin tawada, amma a lokeshin tana nufin janareto, da fitilu masu yawa, da tankar ruwa, da taron jama'ar da za a sallama. Marubucin da ya taɓa kwana yana haska irin wannan fitowa yakan auna ko labarin na buƙatarta da gaske kafin ya rubuta. Ta uku kuma, abin da ke ɓacewa tsakanin nufin marubuci da fahimtar mai ɗauka yana raguwa, tunda kai ɗaya ne ya yi tunanin duka biyun.

Tushen sana'ar a wannan yanki

Yawancin Hausawa a majigi suka fara ganin hoto mai motsi. A 1939 Turawan mulkin mallaka na Ingila suka kafa sashen shirya finafinai don ƙasashen da suke mulka, a ƙarƙashin William Sellers, wanda tsohon jami'in kiwon lafiya ne a Legas. Motocin majigi suka riƙa zagaya garuruwa suna nuna finafinan tsafta da noma, wani ma'aikaci na tsaye da lasifika yana bayani da Hausa. Baban Larai, fim ɗin da ke kwaɗaitar da noman zamani, yana cikin waɗanda dattawa ba su manta ba. Daga sashen fim na gwamnatin Jihar Arewa a Kaduna aka sami Adamu Halilu, haifaffen Garkiɗa a 1936, wanda ya karanci tsara labari da tace hoto a Turai. Shi ya mayar da littafin Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa fim a 1976. An daɗe ana zaton fim ɗin ya ɓace, sai a 2016 aka gano shi a rumbun Hukumar Finafinai ta Nijeriya, aka gyara shi a Jamus, aka nuna shi a bikin finafinai na Berlin a 2018.

A ɓangaren Nijar hanyar daban ce. Jean Rouch, Bafaranshen da ya zo ƙasar a 1941 a matsayin injiniya, daga baya ya koma ɗaukar al'adun mutanen bakin kogin Kwara da ƙaramar kyamara, ya kuma jawo samarin ƙasar cikin aikin. Kayan aikin wancan zamani su suka tsara irin labarin da za a iya bayarwa. Ƙananan kyamarorin da ake yi wa wani da hannu ba sa kai rabin minti ba su tsaya ba, kuma ba sa ɗaukar murya tare da hoto. Naɗin fim mai faɗin milimita 16 da tsawon ƙafa 400 bai wuce minti 11 ba, ga tsada, sannan sai an aika shi Faransa an wanke kafin mai shi ya ga abin da ya ɗauka. Wanda ke aiki cikin wannan hali dole ya gama tsara kowane hoto a kansa kafin ya danna, dole kuma hoton ya ba da labari shi kaɗai, tunda sai daga baya za a ɗora murya. Ƙarancin kayan aiki ya haɗa marubuci da mai ɗaukar hoto a jiki ɗaya.

Moustapha Alassane: daga fitila zuwa allon duniya

An haifi Moustapha Alassane a 1942 a N'Dounga, kusa da Yamai. Sana'ar da ya fara koya kanikanci ce, kuma ta bi shi har ƙarshen rayuwarsa, domin mutum ne mai harhaɗa kayan aikinsa da gyara su da kansa. Tun yana yaro, kafin ya san sinima sosai, yakan yi zane ya haska shi da fitila a bango yana nuna wa mutanen garinsu wasan inuwa. Iya zanen ne ya kai shi cibiyar binciken IFAN a Yamai, inda ya haɗu da Jean Rouch ya koyi sarrafa kyamara.

A 1962, yana da shekara 20, ya fitar da Aouré, gajeren fim a kan neman aure da biki a wani ƙauyen Zabarmawa na bakin kogi. Ya ɗauki al'adar yadda take, amma ya ɗora ta a kan labarin saurayi da budurwa da ya tsara da kansa. Wannan ya sa ake lissafa fim ɗin cikin na farko-farko na ƙagaggen labari da ɗan Afirka ta Yamma ya yi a ƙasarsa, shekara guda kafin Borom Sarret na Ousmane Sembène na Senegal. A shekarar ce kuma ya yi La Bague du roi Koda, wanda ya samo daga wata tatsuniya ta azzalumin sarki da ya ba masunci ajiyar zobe da niyyar halaka shi.

Daga nan ya sami damar zuwa Kanada, inda ya ga aikin Norman McLaren, gwanin fim ɗin zane a hukumar finafinai ta ƙasar. Fim ɗin zane shi ne iyakar haɗuwar alƙalami da kyamara. A sinima hotuna 24 ne ke wucewa a kowace daƙiƙa, kuma mai fim ɗin zane sai ya samar da su ɗaya bayan ɗaya, ya zana, ya ɗauka, ya gusa, ya sake ɗauka. Babu abin da zai faɗo cikin hoton bisa tsautsayi, duk abin da aka gani an yi niyyarsa. La Mort de Gandji, labarin fadar wani sarkin kwaɗi da fadawansa, ya sami kyauta a bikin fasahar baƙar fata na duniya da aka yi a Dakar a 1966. A shekarar ya fitar da Bon Voyage Sim, fim na minti biyar a kan shugaban jamhuriyar kwaɗi da ya tafi ziyarar aiki maƙwabciyar ƙasa. Jerin gwano, da faretin soja, da taken ƙasa, duk kwaɗi ne ke yi. A lokacin da sababbin shugabannin Afirka ba sa ɗaukar zambo, zane ya faɗi abin da baki ba zai iya ba.

Fim ɗin da ya fi ɗaukaka sunansa shi ne Le Retour d'un aventurier, shi ma na 1966, wanda ya rubuta ya kuma ɗauka. A wancan zamani gidajen sinima na Yamai, kamar na Kano da Kaduna, cike suke da finafinan kaboyi na Amurka. Alassane ya tsara labarin wani saurayi da ya dawo gida daga Amurka da akwati cike da huluna da takalma da bindigogin kaboyi, ya raba wa abokansa. Suka sauya sunaye, suka hau dawaki, suka soma kwaikwayon abin da suke gani a allo, har wasa ya zama fashi da kisa a cikin garinsu. Ƙarfin fim ɗin yana cikin hotonsa: ga shigar kaboyi, ga rumbuna da bukkoki, ga raƙuman dawa na gudu a filin da mahaya ke sukuwa. Ɗan kallo na ganin rashin dacewar da idonsa tun kafin wani dattijo ya yi faɗa. A cikin 'yan wasan akwai Zalika Souley, wadda ta zama fitacciyar 'yar wasan fim ta farko a Nijar, da Djingarey Maïga, wanda daga baya ya zama darakta mai zaman kansa. Tambayar da fim ɗin ya yi, wato me baƙin finafinai ke yi wa tarbiyyar matasa, ita ce aka dawo ana yi a Kano bayan shekara 30 a kan tasirin finafinan Indiya.

A 1972 ya yi dogon fim mai suna F.V.V.A., haruffan farko na kalmomin Faransanci huɗu da ke nufin mace, mota, gida da kuɗi. Labarin ƙaramin ma'aikaci ne da son burga da nauyin dangi suka kai shi ga taɓa dukiyar ofis. A 1973 shi da Bajamushiya Anna Soehring suka yi Toula, daga labarin da marubucin Nijar Boubou Hama ya rubuta, a kan sarkin da aka nemi ya sadaukar da yarinya daga jininsa don a sami ruwa, daidai lokacin da fari ke cin yankin Sahel. A 1977 ya koma ga 'yan tsana a Samba le Grand. Ya shugabanci sashen fim na Jami'ar Yamai na tsawon shekara 15.

Daga baya ya tare a Tahoua, ya buɗe otal, ya mayar da wasu ɗakunansa wurin aiki. A can ya ci gaba da ƙera 'yan tsana, ya koyi zane da kwamfuta da girmansa, yana koya wa matasa. Cikin ayyukansa na baya-baya akwai Kokoa, inda kwaɗi da hawainiya da sauran dabbobi ke kokawa a fage, da alƙali da masu kiɗa, kamar yadda ake yi a gasar takobin ƙasa ta Nijar. Faransa ta ba shi lambar girmamawa ta Légion d'honneur a bikin Cannes na 2007. Ya rasu ranar 17 ga Maris, 2015, a Wagadugu, ya bar finafinai kusan 30. A 2017 gidan adana kayan fasahar zamani na New York ya shirya nunin ayyukansa.

Irinsa a wasu wurare

A Kudancin Nijeriya, Tunde Kelani, wanda aka haifa a 1948, ya soma da ɗaukar hoto a gidan talabijin na WNTV a Ibadan, ya yi karatu a makarantar fim ta Landan, ya ɗauki finafinan masu wasan kwaikwayon Yarbawa da dama, sannan ya kafa kamfaninsa na Mainframe a 1991. Hanyarsa ita ce zama da manyan marubuta irin su Akinwunmi Ishola da Adebayo Faleti, a juya rubutunsu zuwa abin da kyamara za ta iya ɗauka. Saworoide na 1999 daga irin wannan zama ya fito.

A Indiya an yi Balu Mahendra, wanda ya karanci ɗaukar hoto a makarantar fim ta Pune, ya yi suna wajen amfani da hasken Allah maimakon tarin fitilu. Shi ya rubuta, ya ba da umarni, ya kuma ɗauki Moondram Pirai a 1982, wanda ya ba shi kyautar ƙasa ta ɗaukar hoto. A 1983 ya sake yin sa da harshen Hindi da sunan Sadma, tare da Kamal Haasan da Sridevi. A Meziko kuma Alfonso Cuarón ya rubuta Roma ya ɗauke shi da kansa, ya ci kyautar Oscar ta ɗaukar hoto a 2019. Shi ne na farko da ya ci wannan kyauta a fim ɗin da shi ya ba da umarninsa.

Zamanin bidiyo a Kano

Masana'antar finafinan Hausa ta Kano ba daga majigi ta fito kai tsaye ba. Iyayenta su ne ƙungiyoyin wasan daɓe, da wasannin kwaikwayo na rediyo da na gidajen talabijin irin su NTA Kano da CTV, da kuma littattafan soyayya na ƙarshen shekarun 1980. Turmin Danya, wanda ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar a 1990, Aminu Hassan Yakasai ne ya rubuta shi, Salisu Galadanci ya ba da umarni. Marubuta irin su Ado Ahmad Gidan Dabino suka biyo baya suna mayar da littattafansu fim. Zuwa 1999 sunan Kannywood ya bayyana a mujallar Tauraruwa.

Wannan asali ya bar alama a jikin finafinan. Duk iyayen nan uku da magana suke aiki, saboda haka fim ɗin Hausa ya tashi da ƙarfin zance, da karin magana, da gatse, amma hotonsa ya daɗe yana biye. Kaset ɗin bidiyo ya fi fim ɗin sinima araha nesa ba kusa ba, yana ɗaukar awanni, ga murya tare da hoto, don haka babu abin da ke tilasta wa kowa taƙaita magana. Da yawa daga masu ɗaukar hoton farko daga ɗaukar biki da taro suka shigo, inda aikin shi ne a girke kyamara a tabbatar kowa ya fito. A finafinai da dama ma babu cikakken rubutu. Akan gaya wa 'yan wasa abin da fitowa ta ƙunsa su zuba maganarsu, mai kyamara ya bi su. Sakamakon shi ne dogayen fitowa na mutum biyu a kan kujerun falo suna bayyana abin da ya kamata a nuna.

Abubuwa sun soma sauyawa da zuwan kyamarorin dijital masu sauya gilashi, da kuma waɗanda suka yi karatun sana'ar. Cibiyar Koyar da Fim ta Ƙasa da ke Jos ta yaye Kenneth Gyang, wanda ya yi Blood and Henna da Hausa a 2012, da Yinka Edward, wanda aikinsa a The Figurine ya ci kyautar AMAA ta ɗaukar hoto a 2010. Edward ne ya ɗauki The Milkmaid na 2020, fim ɗin da akasarinsa da Hausa ne, aka yi shi a Jihar Taraba, Nijeriya kuma ta miƙa shi gasar Oscar. Mai Martaba, wanda aka ɗauka a Daura, ya sami irin wannan zaɓe a 2024. Tashar Arewa24 da ta fara aiki a 2014, da finafinai masu dogon zango irin su Daɗin Kowa da Labarina, sun mayar da cikakken rubutu tilas, domin ba a iya riƙe labari mako bayan mako da ka.

Hanyar shiga, riba da haɗari

Hanya biyu ce ake bi a shiga sana'ar. Ta farko ita ce ta almajirci: yaro ya soma da ɗaukar jaka da naɗe waya, ya koma riƙe allon haske, ya zama mataimakin mai kyamara, har ranar da za a ba shi ƙaramar fitowa ya gwada. Ta biyu ita ce makaranta. A Jos akwai cibiyar fim da aka ambata, wadda ke ƙarƙashin Hukumar Finafinai ta Nijeriya da aka kafa a 1979, da Kwalejin Talabijin ta NTA mai alaƙa da Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya. Jami'ar Bayero ta Kano tana da sashen wasan kwaikwayo da tsangayar sadarwa, a Yamai kuma akwai makarantar da a da ake kira IFTIC. Ko a matakin sakandare, manhajar da aka fara aiki da ita a Nijeriya a 2011, wadda hukumar NERDC ta tsara, ta sanya ɗaukar hoto a jerin darussan sana'a. Bikin finafinai na Zuma da ake yi a Abuja yana ba sababbin hannu damar nuna gajerun ayyukansu. Rubutu kuwa ba ya buƙatar jari sai karatu da naci, shi ya sa mai kyamara ya fi samun sauƙin koyon rubutu fiye da yadda marubuci zai mallaki kayan ɗaukar hoto.

Ta fuskar samu ma akwai bambanci. Mai ɗaukar hoto ladan aikinsa ake biyan sa, da an tashi daga lokeshin shi ke nan. Dokar haƙƙin mallaka ta Nijeriya ta 2022, wadda aka sa wa hannu a Maris 2023, ta ɗauki wanda ya yi tanadin shirya fim a matsayin mai shi, sai in an yi yarjejeniya saɓanin haka. Rubutaccen labarin fim kuwa tana lissafa shi cikin ayyukan adabi, kuma a ƙa'ida na marubucinsa ne har sai ya miƙa shi a rubuce. Mai ɗaukar hoton da ke rubutu yana da abin da zai zauna a yi ciniki da shi, har ya nemi kaso a fim maimakon sallama ta rana ɗaya.

Haɗarin ma a fili yake. Hausawa na cewa taura biyu ba ta taunuwa, kuma a lokeshin hakan na faruwa: wanda hankalinsa ke kan fitila da gilashi yana iya kasa lura cewa maganar da ya rubuta ba ta zauna a bakin ɗan wasa ba. Akwai kuma jarabar rubuta fitowa don kawai wurin yana da kyau, a cika fim da faɗuwar rana da hotunan jirgi maras matuƙi alhali labari na tsaye. Sannan mai riƙe da ayyuka biyu yana rasa mutum guda da zai ce masa wannan bai yi ba. Waɗanda suka yi nasara sun magance haka ta hanyar jawo wasu: Alassane ya jingina da tatsuniyoyi da rubutun Boubou Hama, Kelani ya riƙe marubutan Yarbanci, kuma kusan dukkansu sun yi aiki da mataimaka masu iya riƙe kyamara idan hankalinsu ya koma kan 'yan wasa.

Yau wayar hannu ta matsakaicin kuɗi tana ɗaukar hoto da murya na tsawon awanni, abin da kyamarar da aka yi Aouré da ita ba ta iya ba. Kayan aiki sun daina zama babban cikas ga finafinan Hausa. Abin da ya rage shi ne horo: a koya wa masu tsara labari yadda kyamara ke gani, a koya wa masu ɗaukar hoto yadda ake gina labari, a kuma ba mai ɗaukar hoto rubutun fim ya karanta tun kafin ranar fita aiki.